Yana Karanta Fatiha, Amma Ba Ya Iya Cewa "Ruwa"

Tambaya:

Assalamu alaikum Hajiya. Ni magidanci ne daga Ƙaura Namoda, sana'ata sayar da hatsi. Ɗana na biyu shekararsa uku da wata bakwai. Yana shekara ɗaya da rabi yana cewa Baba, Mama, ruwa. Aka kai shi yaye wurin kakarsa ta wajen uwa a wani ƙauye na ƙasar Anka, bayan wata biyu ya dawo kamar ba shi ba. In an kira sunansa ba ya waiwayowa, amma ƙarar babur ɗina tun daga bakin layi yake jin ta. Ba ya kallon ido, ba ya shiga yara. Sai ya zauna yana jera marafan kwalba, in aka taɓa masa ɗaya ya yi ta ihu yana buga kai a ƙasa. In yana jin ƙishirwa sai ya ja hannun uwarsa ya ɗora a kan randa. Yana kuma cin ƙasa. Abin da ya fi ɗaure mini kai, yana karanta Fatiha da Ƙulhuwallahu tsaf yadda yake jin yayarsa tana yi. Innata ta ce a can dangin matata aka yi masa wani abu, har tana cewa in ƙara aure. An yi ruƙiyya, an yi hayaƙi. Wanzami ya ce a kawo shi a yanka masa ƙasan harshe. Yayana kuma ya ce in ya cika biyar a tura shi almajirci, shiga yara zai buɗe masa baki. Mai ɗakina kullum cikin kuka take, ga juna biyu. Laifin wa? Zai yi magana kuwa? In bi shawarar yayana?

Magidanci, Ƙaura Namoda.

Amsa:

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Malam, Allah ya raya mana wannan yaro, ya sauki mai ɗakinka lafiya.

Abu biyu zan fara roƙon ka tun kafin mu shiga bayani. Kada a kai shi wurin wanzami, kada kuma a tura shi almajirci. Harshen da ya iya fitar da Fatiha daga Bisimilla har Walad dallin ba shi da abin da aska za ta gyara. Yanka ba zai ƙara masa komai ba sai zubar jini, da haɗarin ciwo ya ruɓe, da tsoron duk wanda ya nufo bakinsa. Maganar almajirci zan dawo mata, don tana buƙatar a zauna a kanta.

Ba a yanke wa yaro hukunci ta wasiƙa, sai likita ya gan shi. Amma abubuwan da ka lissafa sun yi kama ƙwarai da abin da likitoci ke kira otizim, wanda za ka ji wasu gidajen rediyo na ce wa galahanga. Yanayi ne na yadda ƙwaƙwalwa take ginuwa tun yaro yana ciki, kuma inda ya fi bayyana shi ne mu'amala da mutane da isar da saƙo, sai kuma naci a kan abu ɗaya da ƙin canji. Wani likita mai suna Leo Kanner ne ya fara bayyana shi a Amurka a 1943, bayan ya lura da yara 11, kuma daga cikin abin da ya rubuta har da yaran da suka haddace waƙoƙi da addu'o'i masu tsawo amma ba su iya amfani da magana wajen neman abin da suke so. Ka ga ashe abin da ya ɗaure maka kai an san shi tun shekara tamanin da suka wuce. Hukumar Lafiya ta Duniya ta taɓa ƙiyasta cewa kusan yaro 1 cikin 100 yana da shi, kuma an fi ganin sa a maza. Ana samun sa a gidan Balarabe da na Bature da na Bazamfare, a gidan malami da na attajiri.

Bari in tsaya a kan wannan karatu nasa, don nan ne za ka fahimci ɗanka. Mu mun saba ɗauka cewa magana ita ce fitar da kalmomi. Amma tun kafin jariri ya furta kalma ɗaya ya riga ya daɗe yana hira. Uwa ta yi masa murmushi ya mayar. Ta yi masa wasa ya ƙyalƙyale, ya dakata yana jiran ta sake. Wajen shekara ɗaya, in ya ga akuya ta shigo gida zai nuna ta da yatsa, sannan ya waiwayo ya dubi fuskar uwarsa. Ba akuyar yake so a ba shi ba, so yake su gan ta tare. Wannan waiwayen shi ne tushen magana, a kansa kalmomi suke tsirowa, kuma shi ne yake zo wa yaro mai otizim da wuya. Kunnen ɗanka yana ɗaukar sauti, ƙwaƙwalwarsa tana ajiye shi daram, shi ya sa surori suka zauna. Abin da bai kama ba tukuna shi ne cewa in ya jefa wa mutum kalma, mutumin zai yi wani abu dominsa. Shi ya sa yake ɗaukar hannun uwarsa ya aza kan randa kamar yadda za ka ɗauki moɗa. Kada wannan ya karya mata zuciya. Ba rashin so ba ne. Ya san wurin wa zai je, ya san abin da yake nema, ya kuma samo dabarar faɗa. Yaron da ke jan hannu yaro ne mai son a fahimce shi, kuma daga nan za a fara aiki.

Sai batun yaye. Na san yadda abin yake a ido: yaro ya tafi da bakinsa, ya dawo babu. Dole zuciya ta ce a can ne. To ka sani cewa a cikin yara masu otizim akwai kaso mai yawa, wajen ɗaya cikin huɗu, da suke fara 'yan kalmomi sannan su ɓace musu, kuma hakan ya fi faruwa tsakanin wata 15 zuwa wata 24. Wannan kuwa shi ne daidai lokacin da muke yaye a ƙasar Hausa. Da a ɗakin Inna aka yaye shi, da ita za a nuna wa yatsa. A Turai, inda ba a kai yaro yaye gidan kaka, allurar rigakafi suka ɗora wa laifi, saboda ita ma a wannan tsakanin ake yin ta. Wani likita a Ingila ya wallafa hakan a 1998, daga baya aka gano maguɗi a aikinsa, mujallar ta janye shi a 2010, shi kuma aka soke masa lasisi. Binciken da aka yi a Denmark kan yara sama da 650,000, wanda ya fito a 2019, bai sami wata alaƙa tsakanin allurar ƙyanda da otizim ba. Na kawo wannan ne saboda jaririn da ke tafe. Za a sami mai ce muku kada a yi masa rigakafi. Ku yi masa, har da ta ƙyanda ta wata 9 da ta wata 15, domin ƙyanda da sanƙarau su ne suke kurumtar da yaranmu da gaske.

Laifin wa? Ba na kowa ba. Abin da ilimi ya tabbatar shi ne gado ne yake da kaso mafi girma, kuma gadon nan ta wajen uba yake zuwa kamar yadda yake zuwa ta wajen uwa. Ban faɗi haka don a kwashe zargi daga kanta a aza maka ba. Na faɗa ne don ka san ƙarin aure ba maganin wannan ba ne, kuma babu abin da mai ɗakinka ta ci, ko ta taka, ko ta fita da magariba ta ɗauko. Mace mai ciki da take kwana da zargin ita ta nakasa ɗanta tana cikin hali mai tsanani, Malam, kuma babu bakin da zai sauke mata wannan kaya kamar naka. Ka faɗa mata a ɗaki, ka kuma faɗa a gaban mutanen gida, cikin ladabi, cewa kai ba ka zarge ta ba.

Gaskiyar da ya kamata ku riƙe game da cikin nan ita ce, ƙanin yaro mai otizim ya fi sauran yara yiwuwar samun sa, wajen 1 cikin 5. Huɗu cikin biyar ke nan ba sa samu. Ku dai sa ido ba tare da fargaba ba: yana mayar da murmushi, yana waiwayowa ga sunansa kafin ya cika shekara, yana nuni da yatsa kafin shekara ɗaya da rabi.

Akwai wani abu a wasiƙarka da ya sa na ajiye ta na sake ɗauka: Anka, da cin ƙasa. Ba mu manta da 2010 ba, lokacin da gubar dalma daga niƙan duwatsun zinari a cikin gidaje ta kashe yara sama da 400 a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, irin su Bagega da Dareta da 'Yargalma, ta bar wasu da dama da rauni a ƙwaƙwalwa. Ban ce dalma ce ta jawo wa ɗanka wannan ba, alamunsa sun fi karkata ga otizim. Amma dalma tana jinkirta magana da fahimta, kuma yaro mai cin ƙasa ya fi kowa haɗiyar ta. Ka bincika ko ana niƙa dutse ko wanke shi a gidan da ya zauna ko maƙwabta, ka faɗa wa likita, ka nemi a auna dalma a jininsa. A duba ƙarancin jini ma, don shi kansa yana sa yaro cin ƙasa.

Inda za ka fara shi ne sashen yara na Cibiyar Lafiya ta Tarayya da ke Gusau, ko Asibitin Ƙwararru na Yariman Bakura. Abu na farko da za ka nema shi ne gwajin ji. Na san yana jin babur, amma yaro zai iya jin ƙara mai kauri ya kasa rarrabe sautukan magana, kuma sai an kawar da wannan shakka ake wucewa gaba. In suka tura ku Sakkwato, Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo ko asibitin ƙwaƙwalwa na tarayya da ke Kware, ka je. Kada sunan Kware ya firgita ka ko ya sa ka ji kunyar mutane. Ɗanka ba mahaukaci ba ne, likitocin da suka karanci ƙwaƙwalwa da ɗabi'a ne ake samu a irin waɗannan wurare. Ba a gano otizim da gwajin jini ko hoton kai, da kallon yaro ake gane shi da kuma tambayar iyaye.

Zai yi magana? Ba zan yi maka alƙawarin abin da yake hannun Allah ba, amma akwai dalilin kyautata zato. Wani bincike da aka wallafa a Amurka a 2013 ya bi yara 535 masu otizim waɗanda suka kai shekara huɗu ba su haɗa jimla ba. Zuwa shekara takwas, kashi 70 cikin 100 suna haɗa kalmomi, kusan rabinsu kuma suna magana sosai. Akwai waɗanda ba su yi ba, su ma sun koyi isar da buƙatarsu da hannu ko da hoto. Abin da babu shi ne ƙwaya ko garin magani ko ruwan jarka da ke warkar da otizim. Duk wanda ka gani a Facebook ko TikTok yana tallar haka, kuɗin hatsinka yake hange. Magungunan da likita kan bayar na abubuwan da kan biyo shi ne, kamar farfaɗiya ko rashin barci. In ka taɓa ganin ya sandare, ko idonsa ya kafe na ɗan lokaci ba ya ji ba ya gani, ka faɗa wa likita.

Masu koyar da magana 'yan kaɗan ne a yankinmu, don haka mafi yawan aikin a tsakar gidanka za a yi shi. Wannan ba abin baƙin ciki ba ne kamar yadda ake zato. Hukumar Lafiya ta Duniya da kanta ta tsara shiri na koya wa iyaye, saboda an ga cewa wanda yake tare da yaro safe da yamma shi ne babban malaminsa.

Ku fara da marafan nan da kowa yake son ƙwacewa. In ka dawo daga kasuwa, zauna a ƙasa, fuskarka daidai tasa. Kada ka ce masa komai, ka ɗauki naka marafan ka jera kusa da nasa. Kwana biyu, kwana uku, har ya saba da kai a cikin wasansa. Sannan ka riƙe marafan a hannunka, ka miƙa masa ɗaya, ka ɗaga na biyu kusa da fuskarka ka jira. In ya miƙo hannu, ko ya ɗago ido ko da na ƙiftawa ne, ko ya yi wani sauti, ka ba shi nan take ka ce "ungo". Ba ka kama haɓarsa ka ce dole ya dube ka ba, don kallon ido yana yi wa wasunsu nauyi na gaske. Abin da kake koya masa shi ne mutum yana da daɗin sha'ani, kuma in an yi masa alama yana amsawa.

Haka a wurin randa. In ya ja hannun uwarsa, ta durƙusa, ta ɗebo, ta ce "ruwa" sau ɗaya a fili, ta ɗan dakata, ta ba shi. Kada ta ce "ce ruwa", don mai maimaita abin da ya ji "ce ruwa" ɗin zai haddace. Kada kuma a hana shi sha wai sai ya faɗa. A rage masa yawan surutu: kalma ɗaya ko biyu, a lokacin da abin yake gabansa. A riƙa ɗaga masa abu biyu, fura da kunu, ya zaɓa. A nuna masa buta in za a zagaya, takalmi in za a fita, har ya kai shi ma yana kawo muku buta da kansa. Ranar da ya yi haka, magana ya yi.

Karatun nasa ma ƙofa ce. Yayarsa ta fara sura tare da shi, in ta zo ƙarshen aya ta yi shiru ta dube shi. Da wuya ya iya barin ta a buɗe, zai cike. Ita ta ja, shi ya cike, ita ta ja: karɓa-karɓar da hira take buƙata ke nan. A yi haka da waƙoƙin wasan yara ma. Sai dai yarinya ce ita ma, kada a mayar da ita mai raino har ta rasa nata wasan.

Ihu da buga kai ba taurin kai ba ne, kuma duka ƙara shi yake yi. Yaron da ba shi da kalmar "ya ishe ni" ko "cikina" da jikinsa yake faɗa. Ku lura da abin da ya faru dab da ya fara. Injin markaɗe ne aka tayar, ko janareta, ko an cika gida da baƙi, ko an ɗauke shi daga wasa ba sanarwa? Sau da yawa kuma haƙori ne, ko kunne, ko bayan gida da ya ƙi fita. In ya fara, a sa matashi ko hannu tsakanin kansa da ƙasa, a rage hayaniya, a bar shi ya sauko. Yara irinsa suna samun natsuwa in yau ta yi kama da jiya, mu kuwa Allah ya hore mana salloli biyar da suka riga suka yanka mana yini. Wanka bayan Azahar, wasa da Baba bayan La'asar, barci bayan Isha'i, kullum haka.

Yanzu ka auna duk wannan da shawarar yayanka. Na yarda da kyakkyawar niyya ya faɗa, kuma ga yaro mai nauyin baki kawai, shiga yara yana taimakawa. Amma ɗanka ba rashin jin magana ne ya hana shi yi ba, a cikin mutane yake tun da aka haife shi. Yaron da ba ya amsa sunansa, ba zai iya cewa yana jin yunwa ba, ba zai iya faɗin wanda ya dake shi ko ya taɓa shi ba, ba zai iya faɗin garinsu in ya ɓata ba, ta yaya za a sa shi a mota a kai shi wani gari a cikin yara da yawa a hannun malami ɗaya, a wannan zamani da hanyoyinmu suke yadda suke? Duk abin da ya yi za a ɗauka rashin ji ne, bulala za ta biyo baya. In karatun Alƙur'ani ake so masa, ga shi ya fara da kansa. A nemi makarantar allo ko Islamiyya ta cikin unguwa, a yi wa malamin bayani, ya je na ɗan lokaci tare da yayarsa ya dawo ya kwana a ɗakin uwarsa. Makarantar boko ma haƙƙinsa ce: dokar hana nuna wariya ga masu buƙata ta musamman, wadda shugaban ƙasa ya sa wa hannu a Janairun 2019, ta ba shi wannan.

Addu'a kuwa kada ku fasa. Ku yi masa tofi da ayoyin tsari safe da dare, Manzon Allah (SAW) da ya koya mana addu'a shi ya umarce mu da neman magani. Abin da za ka tsaya a kai shi ne babu mai turara masa hayaƙi a rufaffen ɗaki, babu mai dukansa da sunan korar aljani, babu mai ɗaure shi.

Ka rufe rijiyar gidanka da murfi mai nauyi, ka sa sakata a sama inda hannunsa ba ya kai. Yara masu otizim suna da yawan sulalewa su fita, ruwa kuma yana jan su, ga kududdufai in damina ta sauka. Ka sanar da maƙwabta da masu shagon bakin layi cewa in sun gan shi shi kaɗai su riƙe shi, kiran suna ba zai tsayar da shi ba. A rubuta lambar wayarka a cikin rigunansa.

Inna kuma kada ka yi jayayya da ita. Tsoro ne yake magana a bakinta, tana ganin maigidan nata ya ƙi kula ta, tana neman wanda za ta kama. Ka ba ta aiki a cikin lamarin: ita ce mai haƙurin zama a tabarma da babu wanda yake da shi a gidan, ka nuna mata wasan marafan nan. Ranar zuwa Gusau kuma ka roƙe ta ta raka ku, ta ji daga bakin likita da kunnenta, ta yi tambayoyinta. Kafin ranar, ka ɗauki bidiyonsa a waya: yana jera marafai, ana kiran sunansa daga baya, yana jan hannu zuwa randa, yana karatu, domin a ɗakin likita zai iya ƙin yin ko ɗaya. Ka riƙo katin rigakafinsa, uwarsa kuma ta tuno watannin da ya zauna, ya yi tafiya, ya fara kalmomin nan da lokacin da suka ɗauke, da duk wani zazzaɓi mai zafi ko jijjiga da ya taɓa yi. In an yi gwajin jin da na dalma, ka sake rubuto mini abin da suka ce, mu duba maganar makaranta tare.